Tsohon da Ke Mutuwa Kullum a Muhandisin

Unguwar Muhandisin, Alƙahira, Litinin

Yaya Muhannad,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da matarka Anti Sulafa, ka shafa min kan 'yata Lina. Rubutawa nake in ɗauki hoto in turo, don tsohon nan da ya ji ina magana a waya sai ya rikice, ya hau neman marigayiya matarsa.

Ka tambayi wanda nake jinya. Sunansa Milutin, mutumin Sabiya ne can Turai. In hankalinsa ya dawo yakan ba ni labari da Larabcinsa mai gargada. Da kiwon tumaki ya fara, yana waƙar biki a ƙauyensu, har aka sa shi a faifai, aka ja shi fim. Waƙa a otal ta kawo shi Alƙahira, ya auri Bamisiriya ya zauna. Nan ma fim ya yi ta yi, kullum shi ne mugun Bature, kullum a ƙarshe a harbe shi.

To Yaya, harbin nan ne ya zame min masifa. Sunana ma ya kasa riƙewa, amma mutuwar fim tana nan daram a kansa. Yana cikin shan shayi sai ya dafe ƙirji, ya sulale ƙasa, ido a kafe. Ranar farko na durƙusa a kansa ina jijjiga shi. Can sai ya buɗe ido ɗaya, wai in tafa masa. Tsoho da iya shege.

Na san dariya kake, ni kuwa tsoro nake ji. Iƙamata, takardar izinin zamana a Masar, ta ƙare, kuma Isam, ɗan ƙanin matarsa da ya ɗauke ni aikin, ya ce in wani abu ya sami tsohon, ni zai nuna. In ya mutu da gaske daga ni sai shi, wa zai yarda da ni? In aka mai da ni Sudan, Lina fa?

Ƙanwarka,
Awadiyya

Unguwar Arba wa Nus, Alƙahira, Laraba

Awadiyya,

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Bayan gaisuwa, kowa lafiya, Lina tana zuwa makaranta.

Ban yi dariya ba. Ki bar aikin nan. In kuma kin ƙi, to ki ji ni da kyau. Ranar da ya faɗi bai tashi ba, ki ɗauki jakarki, ki bi ta matakala kada bawwab mai gadin gidan ya gan ki, ki hau mota ki taho. Kada ki kira kowa. Shi yana da ƙasa da ofishin jakadanci, ke ba ki da kowa a garin nan sai ni. Ba rashin imani ba ne, 'yarki nake dubawa.

Allah ya tsare. Wassalam.
Yayanki,
Muhannad

Muhandisin, Lahadi

Yaya,

Sallama da gaisuwa. Ma'alish, ka yi haƙuri, ba zan iya barin aikin yanzu ba, ba ya karɓar abinci a hannun kowa sai ni. Amma na haɗa jakar, tana bayan ƙofa. Duk wucewar da zan yi sai na kalle ta.

Jiya da la'asar ya yi waƙa. Wallahi Yaya ban san akwai sauran murya a ƙirjin nan ba. Da yarensu ya yi, yana buga hannun kujera, hawaye na bin gemunsa. Ban gane ko kalma ba, na zauna a ƙasa ina ta kuka, garinmu kawai nake tunawa. Yana gamawa ya mutu, na tafa, ya tashi ya nemi biredi.

Yanzu in ya faɗi tsallake shi nake in ci gaba da shara. Na saba, kuma sabon nan ya fi komai ba ni tsoro. Ta yaya zan gane ta gaskiyar in ta zo?

Ku sa ni a addu'a.
Awadiyya

Asibiti, Talata

Yaya, sallama.

Da hantsi ya faɗi ina soya albasa. Na ce khalas, ya isa haka Baba, tashi. Sai da na gama suyar na leƙo, bai buɗe ido ba, bakinsa ya karkace.

Na ɗauki jakar, na bi matakala yadda ka ce. Amma na ga ƙirjinsa yana motsi kafin in fita, Yaya, na gani da idona. A tsakiyar matakalar na juya, na kira motar asibiti.

Yana da rai. Ma'aikatan asibitin sun karɓi katin iƙamata. Ga Isam can ƙarshen baranda da wani ɗan sanda, yana nuno ni.

Ka yafe min. Ka ce wa Lina aiki ne ya riƙe ni, kuma a riƙa bar mata fitila, tana tsoron duhu amma ba za ta faɗa ba.

Sun taho. Na bar ku lafiya.
Awadiyya