Je Ka Duba Hannun Baba

Yaya Ɗanlami,

Gaisuwa daga Kakuri. Yaya Inna da yara? Ni lafiya lau, sai dai aikin jinya ba hutu.

Ka ce tunda Baba ya rikice kuke ɗaure shi a gado, kun rage masa ruwa saboda fitsarin kwance. Don Allah ku ba shi ruwa, ku riƙa sauya shimfiɗa. A asibitinmu da ƙyalle muke ɗaurewa, sako-sako, muna kwancewa a kai a kai. Jiya aka kawo wani tsoho daga Romi, 'ya'yansa sun yi masa ɗaurin akuya. Hannun ya yi baƙi ƙirin.

Ka ce Baba ya daina kuka da igiyar. Yaya, je ka duba hannunsa yanzu.

Ƙanwarka,
Asabe