Kwamfutata a Akwatin Baba

Zuwa ga Yaya,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kana lafiya kai da iyali, Allah ya ƙara lafiya da rufin asiri. Mu nan lafiya lau. Ƙafar Mama ta yi sauƙi, har ta koma faɗanta na kullum.

Yaya, ranar wanka ba a ɓoyon cibi: yau kwana uku Baba ya kulle kwamfutata a akwatin ƙarfen shagonsa na walda. Ka san aikina, kamfanoni ke ɗaukar mu mu gwada tsaron kwamfutocinsu kafin ɓarayi su gwada. Wata biyu ina fama da wata manhaja da aka gama haɗawa, ina so in mayar da ita abin da muke kira shelkod, wato tsurar umarni mai aiki duk inda aka ajiye shi a ƙwaƙwalwar kwamfuta, ba fayil, ba adireshi. Ranar Litinin ya yi aiki. Don murna na kira shugabata a waya, ina ɗaga murya ina cewa na cire wa shelkod ɗin kai, zai shiga kwamfutocin kamfanin da ya ɗauke mu ba wanda ya gan shi. Ashe Baba yana bakin ƙofa. Ya ce shi bai haifi ɓarauniya ba.

Na nuna masa takardar izini da sa hannun masu kamfanin, ya ce takarda ba ta hana hannu sata. Na tuna masa cewa shi ma ba ya miƙa wa mutum ƙofa sai ya sa ƙarfe ya gwada ɓalle ta. Amma makullin yana aljihunsa har yanzu. Wallahi kalmar nan ta ɓarauniya ta yi mini ciwo.

Ranar Alhamis mai zuwa ne gwajin tsaron kamfanin, in ban je da kwamfutar ba, wani za a ba aikin. Ba zan bar sana'ar nan ba, Yaya. Ka kira shi, maganarka yake ji. Ka kuma faɗa masa wannan: kwaɗon da ya sa, minti biyu ya ishe ni in buɗe shi, Baban ne da kansa ya koya mini ina yarinya. Kullum sai na wuce ta gaban kwaɗon, ban taɓa shi ba. Ban taɓa shiga inda ba a ba ni izini ba, kuma ba da akwatin ubana zan fara ba.

Ka gaishe da Anti, da 'Yar Lukuti, da takwaran Baba. Mama da Auta suna gaisuwa.

Ƙanwarka mai jiran makulli,
Iyami