Wanda Ya Kore Ki a Gaban Yara Ya Zo Guangzhou

Zuwa ga yayata Rabi'atu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa da girmamawa irin wadda ƙanwa take yi wa yayarta, ina fatan rahamar Ubangiji tana sauka a makwancinki safe da yamma, amin. Na san wannan takarda ba za ta same ki ba. Na san kuma masu bin shafina za su karanta, wasunsu ma sun san wanda zan yi magana a kansa. To, su karanta. Dama don haka na rubuta ta a fili.

Yaya, Nasiru ya zo Guangzhou.

Kafin in gaya miki yadda muka ƙare da shi, bari in maimaita abin da kika fi ni sani, saboda masu leƙe.

Karatu ne ya kai ki Granada ta ƙasar Sifen, aure ya zaunar da ke. Allah bai ba ki haihuwa ba, sai kika koma kan 'ya'yan mutane. Kin lura iyaye suna zuwa daga Faransa da Ingila da ƙasashen Larabawa don ganin tsohon garin Andalus, ɗan jagora yana gaba yana ta zuba tarihi, yara suna baya suna kuka, ƙafa ta gaji da hawan tudu. Sai kika ce ke yaran za ki yi wa jagora, iyaye su biyo baya.

Kika ƙirƙiro labarin wata mage da ta sace mabuɗin ƙofar gari. Yara su yi ta bin ki lungu-lungu suna nemansa. Su leƙa tsofaffin rijiyoyi, su nemo hoton rumman a jikin ƙofofi, su shafa bango su ji sanyinsa. Kafin su farga sun hau har saman unguwar, inda ake hango jan ginin tsohuwar fadar sarakunan garin, ki zaunar da su ki raba musu dabino. Kullum kina ce min, "Bilki, ba tafiya ce take gajiyar da yaro ba, surutun manya ne."

Don kada yaro ya ɓace a cikin cunkoso, kika ce kowa sai ya sa hular rana ruwan ɗorawa. Da hannunki kika zana magen da mabuɗi a baki, kika rubuta sunanki a ƙasa. Ni lokacin na gama jami'a ke nan a nan China, na fara dillancin kaya ina rawar jiki. Odarki ce ta farko da na taɓa yi. Da kika zo wurina hutu na kai ki unguwar Liwan, shagon mai ɗinkin hulunan nan da muke ce wa Lawban. Ba ki jin yarenta, ba ta jin naki, amma kun yi rabin yini kuna gardama a kan yadda jelar mage za ta lanƙwasa. Kuka rabu kuna dariya, ta cusa miki ganyen shayi a jaka.

Sai Nasiru. Ɗan maƙwabtanmu na Gwammaja. Umma ce ta kira ki ta ce yaron ya faɗo Sifen ba shi da kowa, ki duba shi don zumunci. Kin je tashar mota kin ɗauko shi, kayansa duka a leda ɗaya. A falonki ya kwanta wata da watanni. Mijinki ya yi ta zirga-zirga har takardunsa suka fito. Kin koya masa hanyar tun daga farko: inda akwai inuwa, inda akwai banɗaki, gangaren da ba a bi da keken jarirai, yadda ake durƙusawa a yi wa yaro magana ido cikin ido. Anti yake ce miki. Idan kin yi magana har ƙasa yake kallo.

Da ciwon daji ya kwantar da ke, kika miƙa masa komai: shafin da ake neman ki ta nan, lambobin iyaye, kwalin huluna. Kin ce min, "Ai Nasiru ɗan gida ne."

Kina asibiti ana ɗura miki maganin da ya zubar miki da gashi, shi yana cire hotonki daga shafin yana sa nasa. Ya canja sunan. Iyayen da suka saba dawowa duk hutu suka tambaye shi ina Rabi, ya ce musu kin bar aikin, kin koma Afirka.

Wannan duk da sauƙi, Yaya. Abin da ya hana ni sukuni shi ne safiyar nan.

Kin ɗan ji dama. Kika sa doguwar rigarki, kika ɗaura ɗankwali a kan da babu gashi, kika hau mota zuwa dandalin da kuke haɗuwa da yaran. Ba karɓe aikin kika je yi ba, ƙafarki ma ba za ta hau tudun ba. Yara kawai kika yi marmarin gani. Wata yarinya da ta taɓa bin ki ta gane ki, ta rugo ta rungume ki. Nasiru kuwa ya zo ya janye ta, ya juya ga iyayen ya ce da Turanci, "Ku yi haƙuri, matar nan ba ta da lafiya, kuma ba ta tare da mu." Sannan ya dube ki ya ce da Hausa, "Anti, don Allah ki tafi gida, kina tsorata min baƙi."

Kin zauna a bakin famfon dandalin kina kallon hulunanki suna shiga lungu ɗaya bayan ɗaya. Da kika koma gida kika aiko min saƙon murya. Tunda nake ban taɓa jin kukanki ba sai ranar, har lokacin da Baba ya rasu ke ce mai rarrashi. Ba ki kai wani hutun ba.

Da kika rasu ya rubuta a shafinsa, wai ya yi rashin uwa.

To, a farkon baje kolin Pazhou na wannan kaka, babbar kasuwar da ake ci a nan Guangzhou, ina cikin lissafin kwantena sai ga hoto daga Lawban. Hularki ce, magenki ce, har jelar da kuka yi gardama a kanta, amma sunan wani ne a ƙasa. Ashe Nasiru ne, adireshin shagon ya gani a jikin kwali ya biyo, yana son a yi masa huluna. Ta tambaye ni, wannan mutumin naku ne, ina yayarki? Na fita gefen titi na kira ta, na ba ta labari duka da ɗan yarensu da na iya. Da na gama sai ta kashe waya. Daga baya na ji abin da ta yi. Ya koma da yamma don a gama magana, ta dube shi ta ce, "Meyo." Wato babu. Ya nuna mata zanen a manne a bangon shagonta, ta sake cewa meyo, ta ci gaba da cin abincinta.

Ranar Juma'a Alhaji Sabo ya kira ni. Ba ki san shi ba, dattijo ne mai kamfanin shirya tafiye-tafiye a Kano, ni nake haɗa masa kaya idan ya zo. Ya ce in same shi a gidan abincin nan na saman bene a unguwar Dengfeng bayan an sauko, akwai wani yaron kirki daga Sifen da yake son in taimaka wa. Wai za su ƙulla harka, Alhaji ya riƙa tura masa iyalai daga Najeriya duk hutun makaranta.

Na yi wanka, na sa atamfar da kika bar min. Na tafi.

Wurin a cike yake, 'yan kasuwar Kano da ɗalibai da mutanen Nijar, kowa da tuwonsa a gaba. Nasiru ya ba wa ƙofa baya, don haka bai ga shigowata ba. Ya yi ƙiba, Yaya. Na tsaya a bayansa ina ji yana gaya wa Alhaji yadda ya yi ta yawo shi kaɗai a lungunan Granada har dabarar mage ta faɗo masa. Har da cewa ba tafiya ce take gajiyar da yaro ba.

Na yi sallama. Ya waiwayo. Lomar da take hannunsa ba ta kai baki ba. Ya ce, "Bilki! Allah Ya jiƙan Anti."

Na gaida Alhaji, na ja kujera na zauna. Ban ɗaga murya ba, amma ban rage ta ba. Na ce, "Nasiru, wa ya ɗauko ka daga tasha? A falon wa ka kwana? Me ka ce da ita a gaban yara ranar da ta zo ganinsu?" Sai na ba da labarin da kaina, tun daga ledar kayansa har bakin famfo. Cokula suka daina ƙara. Mai gidan abincin ya rage talabijin.

Muryarki tana cikin wayata, kuma na zo da niyyar kunnawa. Da na dubi Nasiru sai na fasa. Bai cancanci ya ji kukanki ba.

Alhaji ya ture kwanonsa ya ce, "Yaro, abin da ta faɗa gaskiya ne?"

Da ya ce ƙarya nake, da wataƙila wasu sun yi shakka. Amma Allah Ya kama shi da bakinsa. Ya ce, "Alhaji, ai harkar kasuwanci ce. Ba za a tsayar da aiki don mutum ya kwanta ba."

Alhaji ya wanke hannunsa, ya ɗauki hularsa. Ya ce, "Ni 'ya'yan mutane zan tura. Wanda ya yi wa wadda ta riƙe shi haka, ban san me zai yi da ɗan wani ba idan ya faɗi a hanya." Ya fita. Ba wanda ya zagi Nasiru, ba wanda ya taɓa shi. Kowa ya koma kan abincinsa, teburinsa ne kawai ya zama kamar an zuba masa ruwa, har ya tashi.

Ba zan ɓoye miki ba, na ji daɗi. Na sauko daga benen nan, na sayi rake a bakin titi na tsaya na shanye shi tas. Rabon da abu ya yi min zaƙi a baki tun rasuwarki.

Ban tsaya nan ba. Na san garin nan da faɗi, gobe zai sami wani shagon ya yi masa hula. Don haka na nemi mijinki ya turo min tsofaffin lambobin iyayen daga wayarki. Na rubuta wa kowa, wata ɗaliba 'yar Zinder ta mayar min da shi Faransanci. Na ce Rabi ba ta bar aiki ba, ba ta koma Afirka ba. Rashin lafiya ta yi, ta rasu, tana kwance a maƙabartar Musulmi ta saman garin. Na gaya musu kuma wanda ya yi musu ƙarya.

Uwar yarinyar da ta rungume ki ta ba ni amsa. Ta ce tun ranar ranta bai kwanta ba, kuma 'yarta har yanzu tana tambayar ina mai magen. Mijinki ya ce sun zo, su da wasu iyalai, ya raka su kabarinki. Yaran sun tsaya shiru, ba wanda ya ce ya gaji.

Shekaranjiya, kafin ya koma Sifen, Nasiru ya zo ofishina. Ya durƙusa a ƙofa, a gaban masu ɗaure kwalaye. Ya ce iyaye suna ta soke zuwansu, yana da mata da jariri, in yafe masa don Allah. Na ce, "Lokacin da take da rai gidanta bai yi maka nisa ba. Ka tafi, kana tsorata min baƙi."

Umma ta kira, wai uwar Nasiru ta je ta yi mata kuka a tsakar gida. Ta ce, "Bilki, ki bar shi da Allah." Na ce, "Umma, da Allah na bar shi, gaskiya kawai na faɗa." Can ta ce, "Ni ce na ce ta ɗauko shi." Muka yi kuka tare, ita a Gwammaja, ni a nan.

Na san halinki, Yayata. Da kina nan da kin ce ya isa haka, da kin tambayi sunan jaririn ma. Wataƙila kin yafe tun kafin ki rufe ido. Idan haka ne, wannan haƙƙinki ne, kin yi yadda kika so da shi. Amma ni ma an cuce ni. Watannin ƙarshe da ya kamata mu yi muna hira da dariya, na yi su ina jin yayata tana tambayata ko da gaske ta zama abin tsoro. Wannan nawa ne, kuma ban yafe ba.

Allah Ya jiƙan ki, Ya yafe miki kurakuranki, Ya sa ciwon da kika sha ya zama kankarar zunubi. Allah Ya yalwata kabarinki, Ya haskaka shi, Ya kewaye ki da 'ya'yan da ba ki samu a duniya ba. Allah Ya ba Umma da mijinki haƙuri. Shi kuma, Allah Ya raya masa ɗansa, yaron ba ruwansa. Amma tsakanina da uban, Allah Ya isa.

Taki har mu haɗu,
ƙanwarki Bilkisu,
Dengfeng, Guangzhou.