Ranar da Riɗi Ya Zube a Filin Makarantarmu

Zuwa ga Yayana Idrisa, a Jidda.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa irin ta ƙanwa ga yayanta, ina fata wannan wasiƙa ta same ka lafiya, kai da abokan aikinka. Baba da Inna suna gaishe ka. Na san kiranka ba ya yin tsawo, kafin Inna ta gama tambayarka abin da kake ci an katse, shi ya sa na rubuta a wannan shafin na intanet da kake leƙawa idan ka tashi daga aiki. Waɗanda za su karanta tare da kai su ma ina gaishe su, su yi haƙuri da tsawon zancena. Ban saba ba, kai ka fi kowa sani. Amma yau in ban faɗa maka ba, ban san wa zan faɗa wa ba.

Ustaza Amal, malamarmu ta Larabci, ta shigo aji ta ce za a yi gasar jawabi tsakanin makarantun sakandare na jiharmu ta Gadarif a nan Sudan, kuma mutum ɗaya makarantarmu za ta tura. Duk mai so, za ta fito a ɗabur ɗin safe, lokacin da makaranta duka ke jere a fili, ta yi bayanin kalma ɗaya, ta kuma zo da wani abu a hannunta da zai nuna ma'anar kalmar. Sai ta juya ta rubuta a allo: dauli.

Yaya, na so a zaɓe ni. Na so ƙwarai. Ban gaya wa kowa ba, don na san abin da za a tuna mini. Bara da aka ce in karanta hadisi a ɗabur, na buɗe baki murya ta ƙi fita, har sai da wata ta zo ta karɓi takardar daga hannuna. Amma na tuna ranar da ka ajiye littattafanka ka hau tarakta don ni in ci gaba da karatu. Ka ce, "Malama Shiru, ni zan yi ƙarar inji, ke ki yi ta magana." Ka yi taka ƙarar har ka gaji ka tafi. Ni ban yi tawa ba. Da aka tashi, na bari kowa ya fita, na lallaɓa na gaya wa Ustaza ta sa sunana. Ta dube ni ta saman tabarau, ta rubuta.

Daga nan na shiga farautar kalmar. Ƙamus ya ce daga daula take, wato abin da ya shafi ƙasashe biyu ko fiye. Baba ya ce a rediyon Hausa da yake kamawa da yamma "ƙasa da ƙasa" suke cewa. Na maimaita a bakina, na ji daɗinta, don kamar mutum biyu ne a tsaye suna fuskantar juna. Sai na fara ganinta ko'ina. Filin jirgin da ka tashi daga cikinsa dauli ne. Kiran da kake yi mana dauli ne. Wasan ƙwallon da yake sa maza su cika wajen mai shayi, da dokar da ake cewa ta hana harbin asibiti, da farashin da 'yan kasuwar amfanin gona ke jira kafin su buɗe baki, duk haka ake kiransu.

Amma mutanen garinmu sun ba ta wani aikin dabam. Ka tuna mai askin da ke bayan tasha, mai kujera ɗaya da madubi tsagagge? Har yanzu allonsa na nan, "Askin Dauli". Mai gyaran taya ma ya rubuta, mai sayar da ful, dafaffen waken nan, ma ya rubuta. Su abin da suke nufi shi ne abu ya yi kyau har ya wuce na gida. Kai ma haka kake yi in Inna ta zuba maka shayi mai citta, sai ka kurɓa ka ce, "Inna, wannan shayin dauli ne, ya kamata a buga masa hatimi." Na rubuta wannan ma a cikin bayanina, don Ustaza ta ce kalma ba a ƙamus kaɗai take kwana ba.

Bayani ya samu, abin riƙewa a hannu ne ya gagara. Hawwa ƙawata ta ce fasfon babanta za ta kawo. Salma, wadda ta fi kowa iya magana a ajinmu, ta ce za ta kira gwaggonta da ke Dubai a gaban kowa. Ni na duba ɗakinmu sama da ƙasa, ban ga komai ba sai turaren da ka aiko, shi ma ya kusa ƙarewa.

Ana cikin haka yankan riɗi ya kama. Inna ta karɓi aikin dafa wa 'yan yanka a mashru'in da ka yi wa tuƙi, babbar gonar nan da ke can wajen Fashaga, kusa da iyakar Habasha, na bi ta ranar Alhamis don in taya ta tuƙa tuwon asida. Kambo, masaukin ma'aikatan, yana nan yadda ka bar shi, bukkokin ciyawa da ganga biyu na ruwa. Gabre, Bahabashen nan mai dogon lauje da ke ƙetaro iyaka duk shekara, ya gane ni. Ya tambaya, "Ina direba mai waƙar da ba ta da daɗi?" Na ce kana Jidda. Ya ce to Allah ya ji ƙan mutanen Jidda.

Da hantsi na kai musu abinci da ruwa cikin gona, na tsaya a gefe ina kallo. Gabre da mutanensa suna gaba suna yanka. Malam Musa, wanda ya zo daga Cadi, yana bin su yana ɗaurewa. Wasu dogaye biyu 'yan Sudan ta Kudu suna jingina dammunan a tsaye, kai sama, don su bushe ba tare da ƙwaya ta zube ba. Babu wanda yake jin harshen wani sosai, Larabcinsu duk a karye yake, amma layin bai karkace ba, don kowa ya san in aka yi jinkiri kwanso zai buɗe baki ƙasa ta cinye wahalar shekara. Da suka zauna, kwano ɗaya suka sa hannu. Na waiwaya na ga tsohuwar taraktarka da rubutun wata ƙasa a gefenta. Na ga buhunan da aka jibge, su ma da rubutun wata ƙasar. Na tuna manyan motocin da ke ɗaukar su zuwa Bur Sudan, inda jirgin ruwa ke jira. Yaya, sai da na ajiye tulun ruwan da ke hannuna. Abin da nake nema a ɗaki ashe yana gona.

Na roƙi Gabre ɗan ƙaramin dami, ya zaɓo mini mai yawan kwanso. Na kawo shi gida ɗanye, na jingina shi a bayan rumfa, kai sama, na hana kaji zuwa wajen. Kafin ranar ɗabur ya bushe ƙayau, kowane kwanso ya buɗe baki, in ka leƙa sai ka ga ƙwayoyin a jere farare tas.

A cikin raksha, keken haya mai ƙafa uku, na rungume shi a tsaye kamar jariri. Duk ramin da muka faɗa sai in riƙe numfashi. Ban yi asarar ko kaɗan ba har ƙofar makaranta. A nan ne abin ya lalace. Na ga Hawwa da fasfo mai sheƙi, na ga Salma da waya a hannu, wata ma da rigar ƙwallo a cikin leda. Na dubi abin da na rungumo, busasshen kara kamar tsintsiya. Wata 'yar aji ɗaya ta ce, "Yau ke ce da shara?" Kunya ta rufe ni, na koma can bayan layi.

Salma ta yi magana kamar mai karanta labarai. Gwaggonta ta amsa kira, ta gaishe da makaranta duka, aka yi ta tafi. Hawwa ma ta yi ƙoƙari. Sai na ji an kira sunana.

Ban san lokacin da na yi ba. Don kada a ga abin da na kawo tun daga nesa, sai na mayar da shi bayana, na riƙe shi ta gindi, kai ƙasa. Ni, 'yar Gadarif, ƙanwar direban tarakta, na kifa busasshen riɗi! Ina tafiya ina jin wani sauti a bayana kamar yayyafi a kan kwano, ban gane ba. Sai da na iso gaban Shugabar makaranta na fito da shi, sauran ya kwararo a kan takalminta.

Na jira dariya. Ba dariya ce ta fara zuwa ba. Shugaba da kanta, wadda ko tari ba a yi a gabanta, ta yi wuf ta tara gefen mayafinta a ƙarƙashin damin tana cewa, "Ya binti, ɗaga kansa sama! Sama!" Na juya, sai na ga layin gaba duka a durƙushe. Babu wanda ya ce su yi. Hawwa ta sa fasfo a hammata tana tarawa da tafin hannu. Salma ta miƙa wa wata wayarta ta tsuguna. Tun daga inda na taso har inda na tsaya, farin layi ne a ƙasa, 'yan mata suna binsa suna tsinta. Ka san mu, a garin nan babu mai iya ganin riɗi yana zuba ya tsaya yana kallo, ko 'yar mai mashru'u ce ko 'yar mai yanka. Sai da aka tsince sannan aka dubi juna, dariya ta ɓarke, har da malamai. Ni ma na yi. Dariyar ce ta rage mini tsoro.

Na ɗaga damin, kai sama wannan karon, na fara. Na ce wannan da kuka tsinta yanzu, injin da ya shuka shi a wata ƙasa aka ƙera shi. Hannun da ya yanke shi daga Habasha ya zo, wanda ya ɗaure shi daga Cadi, wanda ya jingina shi daga Kudu. Buhun da za a zuba shi daga ƙetaren teku aka kawo, kuma bakin da zai ci shi ba mu san harshensa ba. Na ce ko Hausar da muke yi a gidanmu sai da ta ratsa ƙasashe a ƙafa kafin ta zauna a nan ta haife ni. Na faɗi na ƙamus, na faɗi na rediyo, na faɗi na mai aski, aka sake dariya. Muryata tana rawa, amma tana fita, har na ji ta tana dawowa daga bangon ajin ƙarshe.

Da na gama, Ustaza Amal ta tambaye ni bambancin dauli da alami, wato na ƙasa da ƙasa da na duniya. Ban shirya wannan ba. Na ce rana ta duniya ce, zazzaɓi ma na duniya ne, ba sa neman izinin kowa kafin su shiga gari. Amma abu ba ya zama na ƙasa da ƙasa sai akwai iyaka, da mutum a wannan gefe, da mutum a wancan, kuma sun yarda su miƙa wa juna wani abu. Ta gyaɗa kai sau ɗaya, ta ce in koma layi.

Malamai suka shiga ofis. Ban iya cin komai ba a lokacin karin kumallo, Hawwa ce ta cinye ful ɗina da nata. Kafin a koma aji aka buga ƙararrawa, Shugaba ta fito, har yanzu da 'yan ƙwayoyi a manne a mayafinta.

Albishirinka, Yaya! Ni ce. Sunana ta kira, Rakiya, da sunan Baba a bayansa, a gaban kowa. Ni zan tsaya wa makarantarmu a gasar jiha. Hawwa ta rungume ni har ta kusa kayar da ni. Salma ta zo ta ba ni hannu ta ce, "Mabruk, amma wallahi ban taɓa zaton tsintsiya za ta kayar da Dubai ba." Sai ga 'yan ajinmu da kofin shayi cike da riɗin da suka tsinta, haɗe da yashi, suka ce kayana ne.

Da na ba Inna labari, ba ta fara da murna ba. Ta riƙe haɓa ta ce, "Kin kifa shi? A gaban mutane? Wa zai ce ni na haife ki?" Sai kuma ta rangaɗa guɗa har maƙwabta suka leƙo ta katanga. Ta sheƙe riɗin a faifai, ta soya shi da sukari, bai fi loma uku ba. Ta ba Baba ɗaya, ta ba ni ɗaya, ta tsaya da ta ukun a hannu tana kallon ƙofa. Ba ta faɗi sunanka ba, ni ma ban faɗa ba.

Tsoron bai tafi duka ba. A gasar jiha babu layin gaba da zai durƙusa ya taimake ni, kuma zauren ba irin filinmu ba ne. Amma yanzu na san yadda muryata take idan ta fita, kuma na ji daɗinta. Ka sa ni a addu'a idan ka samu zuwa Harami.

In ka sayi burodi da safe ka ga riɗi a kansa, kada ka karkaɗe shi. Mai yiwuwa Inna ce ta dafa wa wanda ya yanke shi.

Allah ya tsare ka a kan hanya da wajen aiki, ya sa gumin da kake yi ya zama mai albarka, ya haɗa ka da mutanen kirki a inda ba ka da kowa. Allah ya dawo mana da kai lafiya, ka zauna a ƙarƙashin rumfa in yi ta maka surutu har ka ce ya isa. Amin.

Taka ƙanwa mai kewarka,
Rakiya,
daga Gadarif.