Ƙorafi Kan Lambar Tagulla da Ta Iso Bayan Rasuwar Mijina

Zuwa ga:
Mai Girma Shugaban Kwamitin Ladabtarwa,
Hukumar Shirya Gasar Guje-guje ta Ƙasa da Ƙasa.

Daga:
Matar marigayi ɗan tsere mai lamba 214,
Gida na uku, layin bayan filin wasa.

14 ga Maris, 2023

Ranka ya daɗe,

GAME DA: ƁOYE SAKAMAKON GWAJI NA SHEKARA TARA DA ABIN DA HAKAN YA JAWO WA MIJINA

Bayan gaisuwa da girmamawa, ina neman izinin gabatar da kukana. Ni ma'aikaciyar jinya ce, ban saba da rubuta wa hukuma ba, a gafarce ni inda na kauce wa ƙa'ida.

1. A ranar 22 ga Agusta, 2013, mijina, wanda abokan gudunsa ke kira Sauro saboda sirantakar ƙafafunsa, ya zo na huɗu a tseren mita dubu biyar na gasarku. Tsakaninsa da na uku bai kai taku biyu ba. Ya dawo gida bai yi ƙorafi ba, ya ce wanda ya fi shi gudu ne ya wuce shi.

2. Wasiƙarku ta 6 ga Fabrairun bana ta tabbatar da cewa wanda ya zo na ukun ya sha ƙwayar ƙara kuzari, kuma sakamakon gwajinsa ya isa teburin babban sakataren hukumar kwana goma sha ɗaya bayan tseren. Wasiƙar ta kira abin jinkirin ofis. Ranka ya daɗe, a asibitinmu idan sakamakon gwaji ya kwana biyu a durowa sai an kira mutum ya yi bayani. Wannan ya shekara tara. Sakataren kuwa yau shi ne mataimakin shugaban hukumar.

3. A 2015 mijina ya ji ƙishin-ƙishin ɓoye sakamakon daga bakin wani likitan tawaga. Ya rubuto muku sau uku, cikin ladabi, ni na duba masa rubutun. Amsar da ya samu ita ce takardar dakatarwa ta 3 ga Nuwamba, 2015, bisa zargin ɓata sunan hukuma, da sa hannun sakataren nan. Daga ranar ba a sake kiransa sansanin horo ba. Mutanen da suka ci abinci a gidanmu suka koma tsallaka titi idan sun hango shi. Ya kama koyar da motsa jiki a wata firamare, yana busa wa yara usur, yana dawowa da fara'a don kada in damu. Idan aka sa tsere a talabijin sai ya tashi ya ce zai duba famfon bayan gida, alhali famfon lafiyarsa ƙalau.

4. Ya rasu ranar 19 ga Yuni, 2021, bayan doguwar jinyar ƙoda.

5. Ranar 2 ga wannan wata mai kawo saƙo ya miƙo min ambulan a bakin ƙofa, hannuna duk kumfar wanki. A ciki akwai lambar tagulla cikin leda, da takarda mai taya mijina murna, tana umartarsa ya sa hannu ya maido cikin kwana talatin. Surukata, wadda idonta ya yi rauni, ta karɓa ta daɗe tana shafawa, sannan ta tambaye ni ko yanzu an yarda ɗanta ba maƙaryaci ba ne. Takardar dakatarwar kuwa tana nan a fayil ɗinsa, ba wanda ya janye ta.

Bisa haka nake roƙon kwamitinku mai daraja da ya janye dakatarwar a rubuce, ya sa mataimakin shugaban ya sauka daga kujerarsa har a kammala bincike, ya kuma sa a kira sunan mijina da lasifika a filin gasa mai zuwa, ko sau ɗaya ne. Surukata ta haura tamanin, ina roƙo kada wannan ma ya yi jinkiri.

Na haɗo da kofen wasiƙunsa uku da takardar shaidar rasuwa. Takardar karɓar lambar kuma na maido ta yadda ta zo, ni ba ni da hurumin sa hannu a gurbinsa.

Ina mai biyayya da jiran amsarku,

(sa hannu)
Matar marigayin