Rediyon Nan Nawa Ne, Ban Sato Ba

Zuwa ga Mai Girma Daraktan fim ɗin tarihin masaƙun Kakuri,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ni ne Alhaji Garba, tsohon ma'aikacin masaƙa, mazaunin Makera.

Na ɗaya: a tsakiyar fim ɗinka ka sa wani tsohon hoto mai baƙi da fari. Wani saurayi ne mai tulin suma da wando fantalo yake sheƙa gudu rungume da rediyo, jama'a na bin sa. A daidai nan mai sharhinka ya ce da masaƙu suka mutu sata ta yawaita. Ranka ya daɗe, saurayin nan ni ne. Tseren buhu na ci a bikin ma'aikata, manaja ya miƙa mini rediyon da hannunsa. Masu bi na abokan aikina ne, so suke su ɗaga ni sama, ni kuwa ina tsoron su kayar mini da kyautata. A lokacin ko inji ɗaya bai tsaya ba.

Na biyu: tun da aka yanko wurin aka watsa a wayoyi ban huta ba. Masu keke suna kira na Baba Rediyo. Kwamitin masallacinmu ya karɓe makullin ɗakin janareta daga hannuna, wai don in samu hutu. Matata Hajiya, wadda da rediyon nan na yi zance a ƙofar gidansu, ta fara tambaya ta ko sadakinta ma na halas ne.

Na san tsohon hoto shi ke sa mai kallo ya yarda da labari. To amma hoto ba ya magana, abin da ka ɗora masa shi zai ɗauka. Mu da ke ciki ba mu mutu duka ba, da ka tambaya.

Roƙona, ka gyara sharhin, amma kada ka cire wurin. Dogon nan da ke gaban masu bi na, riƙe da takalminsa, aminina ne Bitrus, ya rasu tuntuni. Matarsa tana unguwar Romi. Ta kalla ta yi dariya har ta koma kuka, ta ce ta manta ya taɓa samun ƙafar gudu. Ka ba mu cikakken faifan, ni da ita.

Allah ya ɗaukaka sana'arka, ya tsare ka daga kyamarar wani.

Wassalam.

Alhaji Garba, Makera