Ƙwayoyin da Ka Aiko wa Baba

Gidan Kawu Ɗantala,
Gumel.
14 ga Nuwamba, 1976.

Zuwa ga Yaya Ubale, a Ikko.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa, ina fatan wannan takarda ta same ka lafiya, kai da Larai da yara. Allah ya kiyaye ku a wannan gari mai nisa, ya raya zuriya. Mu nan kowa lafiya, sai Baba. Gero ya yi dama-dama bana a Sule Tankarkar, wake ne dai tsutsa ta ɓata. Ƙanwarmu Asama'u ta baro ɗakinta a Gagarawa Tasha yau sati bakwai, da goyo a bayanta, ita ce ke jinya. Ni kuma ina kai da komo tsakanin nan da Maigatari, ranar kasuwa in je kara in duba shanu, in dawo. Na gaishe ka ne don haka aka koya mana a gidan da muka tashi, ba don raina yana yi mini daɗi da kai ba. Gara ka san haka tun daga farko.

Wasiƙar da ka aiko wa Kawu ta iso ranar Litinin. Ina jin ka manta Kawu ba ya karatun boko. Ni ya miƙa wa a zaure, gaban abokansa uku, ya ce in karanta. Da bakina na karanta inda ka ce Ilu ne ya yi sakaci, ya bar tsoho yana fama wata da watanni, don duba shanun mutane ya fi masa ubansa. Ban tsallake kalma ɗaya ba. Na kai ƙarshe, na naɗe, na mayar masa. Sai ɗaya daga cikin dattawan ya tashi ya ce zai je ya yi alwala, alhali la'asar da saura. To, tunda rubutu ka zaɓa, ga nawa.

Farkon damina Baba ya fara kukan baya. Ka san shi, mutumin da ya yi kiwo har cikin Damagaram da ƙafa ba ya cewa wash a banza. Da na ga yana dafa bango kafin ya miƙe, na ce mu tafi Kano a duba shi. Ya ce sai an tambayi Ubale, tunda Allah ya ba shi ɗa ma'aikacin asibiti. Na rubuta maka. Na gaya maka har da abin da na gani da idona, cewa idan ya yi fitsari kumfa take taruwa kamar an zuba sabulu, kuma ba ta kwanciya. Amsarka tana nan a aljihuna. Ka ce sanyin ƙashi ne na tsufa, kada a wahalar da shi da hawa mota, kuma ni malamin dabbobi ne, in tsaya a kan dabbobi. Ka haɗo da gwangwanin ƙwayoyi, ka ce biyu da safe, biyu da rana, biyu da yamma. Daga ranar, duk lokacin da na ɗauko maganar Kano sai Baba ya ɗaga gwangwanin nan ya ce likitan gida ya riga ya yi magana.

Haka azumi ya same shi. Bai sha ko ɗaya ba. Yana wuni ba ruwa a cikinsa, a sha ruwa ya watsa ƙwayoyinka, da sahur ya ƙara. Bayan Sallah ya rame, idonsa ya yi fari, ƙishirwa ba ta barinsa, wani lokaci ya kira Asama'u da sunan Iya, Allah ya ji ƙanta. Ranar da ake ɗaurin gero ya lallaɓa ya je gona don ya gani. Bai ɗauki dami ba, sunkuyawa kawai ya yi zai ɗaga zangarniya uku da suka faɗi, sai hannunsa na dama ya karye a dantse. Ban sake tambayar kowa ba. Na sa shi a mota, ko ya so ko bai so ba, sai Kano.

Kwana goma sha tara muka yi. Sun ɗauki hoton ƙasusuwansa, likitan ya ɗaga na kansa a gaban fitila ya nuna mini. Yaya, ƙoƙon kan ubanmu duk ƙananan ramuka ne, kamar ƙwaryar da ƙwari suka ci. Sun soka allura a ƙashin ƙirjinsa sun zuƙo ɓargo. Suka zuba fitsarinsa a 'yar kwalba suka ɗora a wuta ina kallo, ya yi fari kamar an kaɗa nono, da ya tafasa ya washe, da ya fara hucewa farin ya dawo. Likitan ya ce ciwon daji ne na ɓargo, sunansa mayeloma. Na san ka san sunan, ko ka taɓa jin sa a inda kake aiki, amma zan rubuta maka yadda aka yi mini bayani, don kada gobe ka ce mai duba shanu bai gane ba.

Ya ce a cikin ɓargo akwai masu ƙera garkuwar da jiki ke yaƙar cuta da ita. A wannan ciwo, iri ɗaya daga cikinsu ne ke haukacewa ya cika ɓargon, ya ci ƙashi, ya hana jini yin yawa, yana ta zubo garkuwa marar amfani. Kuma ciwon ba iri ɗaya ba ne, da irin abin da yake zubowa ake rarrabe shi. Wanda ya fi yawa shi ne mai harafin G, masu shi sukan yi ta fama da zazzaɓi da ciwon huhu. Akwai mai harafin A, shi yakan sa jini ya yi kauri. Akwai mai harafin D, wanda ya ce bai cika ganinsa ba. Sannan akwai wanda ba ya ƙera garkuwar cikakkiya, sai gutsattsarinta kawai. An aika jinin Baba da fitsarinsa Zariya, amsa ta dawo cewa nasa wannan na ƙarshen ne. Gutsattsarin ƙanana ne, suna bin jini su shiga ƙoda, su daskare a cikin 'yan hanyoyinta su toshe su. Ni da na sha tsaga ƙodar saniya a mahauta ba sai an zana mini ba. Kumfar nan da na rubuta maka tun watan Yuni, ita ce.

Daga nan ya tambayi abin da Baba yake sha. Asama'u ta ciro gwangwanin daga jaka. Ya juya shi, ya karanta, ya girgiza, ya ji saura kaɗan. Zan yi maka adalcin da ba ka yi mini ba: bai ce ƙwayoyinka ne suka kawo ciwon ba, kuma bai ce da an zo da wuri zai warke ba, don ya ce ciwon ba ya warkewa, sai dai a danne shi. Abin da ya ce shi ne, abu biyu mai irin wannan ciwo ya kamata ya guje wa, rashin ruwa a jiki da irin waɗannan ƙwayoyi na ciwon gaɓoɓi, kuma Baba ya haɗa su duka na wata huɗu. Ya ce da ƙodar tana da ƙarfi da ya yi maganar shekaru, amma yanzu ba zai yi ba. Sai ya tambaya, ransa a ɓace, wane ne ya bai wa tsoho wannan ba tare da ya gwada fitsarinsa ba.

Na buɗe baki zan faɗa. Wallahi zan faɗa, har da sunanka da inda kake aiki. Baba ya riga ni. Yana kwance, hannu a ɗaure, muryarsa da ƙyar take fita, ya ce a gaya wa likita shi ya saya da kansa a kasuwar Maigatari, wurin wani mai talla, yaransa ba su sani ba. Likitan ya juyo ya yi mini faɗa, ya ce ni da na yi makaranta ina zaune ubana yana shan maganin kasuwa. Na sunkuyar da kai na shanye. Mutumin da ban taɓa jin ƙarya a bakinsa ba, ya yi ta yana da shekara saba'in, a gadon asibiti, don kada a ambaci sunanka da abin kunya gaban abokin sana'arka. Kai kuma ka zauna a Ikko ka rubuta wa Kawu cewa ni ne.

Yanzu muna nan Gumel don ya fi kusa da asibiti, ana duba jininsa duk sati. An ba shi wasu ƙwayoyi iri biyu na danne ciwon, ana sha kwana huɗu a huta. An ce ya sha ruwa sosai, Asama'u ta auna da kwanon sha, tana bin sa da shi yana ƙi tana roƙo. Da farko ya ɗan taimaka. Sati biyun nan kuwa ruwan yana shiga ba ya fita. Ƙafafunsa sun kumbura har gwiwa, in ka danna yatsa ramin ya tsaya. Jiya duk wuni abin da ya yi bai cika kofin shayi ba. Yana amai, yana shaƙuwa, jikinsa na ƙaiƙayi, bakinsa na wani wari da Asama'u ke fita waje ta yi kuka in ta ji. An rage ruwan yanzu. Malamin asibitin da ke zuwa ya ja ni gefe ya ce duk wanda yake so ya gan shi yana gane mutane, ya zo kafin Babbar Sallah.

Don haka ga abin da nake so da kai, kuma ba roƙo nake yi ba. Kada ka sake aiko da magani gidan nan, ko na ciwon kai ne. In ya zo a masai zan zuba shi. Kada ka aiko da wasiƙar ban haƙuri, ba ni da lokacin karanta ta. Ka ɗauki hutu, ka hau jirgin ƙasa, ka zo. Shekara uku rabonka da gida, lokacin fari da shanunsa ke faɗuwa ɗaya bayan ɗaya ma ba ka leƙo ba. In ka zo ba zan ɗaga maganar nan a gabansa ba, zan karɓi jakarka in kira ka Yaya kamar yadda aka saba. Amma ka sani Asama'u tana wurin da likita ya juya gwangwanin, kuma ta san rubutun waye a jikinsa. Ita ba ta yi maka alkawarin komai ba.

Da safen nan Baba ya ga na ɗauko takarda da biro, ya tambaya ko kai zan rubuta wa. Na ce e. Ya ce in gaya maka ya samu sauƙi, har ya fara cin tuwo, kada ka bar aikin mutane ka taso. Ya sa na maimaita masa don ya tabbata na riƙe. Na ce to, haka zan rubuta. Tun da na yi wayo ban taɓa ce masa to in saɓa ba sai yau, kuma wannan ma kai ka ja mini.

Ka gaishe da Larai, ka ce mata ba da ita nake ba. Ka shafa mini kan Mairo da ƙannenta. Kawu Ɗantala yana gaishe ka, ya ce amsar wasiƙarka sai ka zo baki da baki. Asama'u kuwa, na tambaye ta ko in sa gaisuwarta, ta ce in bar wurin haka. Allah ya bai wa Baba sauƙi, ya sa kaffara ne, ya kawo ka a kan lokaci.

Wassalam.

Ƙaninka,
Ilu.